Amsoshin Wasiƙunku: Shin Riƙon Kyamara Sana'a Ce?

  

Wasiƙu biyu ne a gabana yau, kuma kusan maganarsu ɗaya. Ta farko ta fito daga Kafinsoli ta ƙasar Kankiya, daga wani magidanci manomi wanda ya roƙa kada in ambaci sunansa. Ya ce ɗansa na fari ya gama sakandare, ya shekara biyu yana ɗaukar hoton biki da suna da wayarsa. Yanzu yaron ya matsa sai a sayar da shanun huɗa guda biyu a sai masa kyamara, ya tafi Kano ya shiga harkar fim. Uwar yaron tana bayan ɗanta, shi kuwa uban ya kasa barci. Tambayarsa ita ce, shin wannan abu sana'a ce ko shiririta, kuma an taɓa samun wanda ya yi ta ya mutu da mutuncinsa?

Ta biyu daga Kusada take, daga wani ɗan kasuwar hatsi. Wasu samari sun zo masa da maganar ya zuba kuɗi a fim, za a rubuta sunansa a matsayin furodusa. Yana so ya san mene ne furodusan nan, kuma ta ina kuɗin ke dawowa.

To Malam na Kafinsoli, da kai zan fara. Amsar tambayarka ta biyu ita ce e, an taɓa samu. Bari in ba ka labarin mutum ɗaya, Alhaji Adamu Halilu, Allah Ya jiƙansa.

Amma kafin nan, in faɗa maka ban ga laifinka ba da ka ji tsoro. Iyayenmu ba su ƙi sinima haka kawai ba. Gidajen sinima na farko a Kano, irin su Rex da aka buɗe a 1937, a wajen ganuwa suke, kuma mutanen birni sun ɗauke su matattarar 'yan iska. Sannan a watan Mayu na 1951 gobara ta tashi a sinimar El-Duniya a Kano, mutum 331 suka rasu. Da yawa a lokacin sun ce ishara ce. Wannan tabo bai gama gogewa ba har yau.

Sai dai akwai wani fim ɗin da mutanen karkara suka sani tun kafin su san ƙofar gidan sinima, watau majigi. Dattawan Kafinsoli da Kankiya da Ingawa za su ba ka labari fiye da ni, don ni ma a bakin mahaifina na ji. Motar gwamnati ce ke shigowa gari da rana tana shela da lasifika. In dare ya yi sai a kafa farin allo a ƙofar gidan hakimi ko dagaci, a tada janareta, maza da yara su zauna a ƙasa, ba ko kwabo. Ga wani ma'aikaci a gefe yana bayani da Hausa. Abin da ake nunawa kuwa, tsabtar rijiya ne, da allurar rigakafin mutane da ta dabbobi, da zuba taki, da rangadin Sardauna. Wanda ya fi zama a bakin mutane shi ne Baban Larai, na shekarun 1950, wanda aka shirya don koya wa manoma gyaran noman auduga. Ka ga ke nan, fim ɗin Hausa na farko da ya yi suna, dominku aka yi shi, ku manoma.

A wannan gida na majigi Adamu Halilu ya tashi. An haife shi a 1936 a Garkida, cikin ƙasar Adamawa. Ya yi aiki a sashen shirya fina-finai na gwamnatin Jihar Arewa, ya kuma je Landan ya koyi rubuta labarin fim da tace hoto, watau yanka shi da jera shi har ya zama labari. A 1963 ya fito da wani fim mai suna Mama Learns a Lesson, ma'ana Mama ta ɗauki darasi, kan kai mata masu juna biyu asibiti. Haka ya yi ta yi, shekara da shekaru, fim ɗin wayar da kai bayan fim ɗin wayar da kai, har aka lissafa masa wajen 70.

Ina so ka riƙe wannan lissafi, Malam. Mutumin nan sai da ya kai shekara 40 a duniya kafin ya yi aikin da ake tunawa da shi. Duk shekarun da suka gabata, a kan ƙananan ayyuka ya ƙare su, waɗanda ba wanda ke tafa wa mai yin su.

Babban aikin shi ne Shaihu Umar, a 1976. Littafin dai kun san shi, ko kun ji ana karanta shi. Abubakar Tafawa Ɓalewa ne ya rubuta, wanda ya yi karatunsa a Kwalejin Katsina ɗin nan tamu, aka buga a 1934, shekaru da yawa kafin ya zama Firayim Minista. Mu ma sai da muka yi jarrabawa a kansa a makarantar horon malamai. Labarin yaro ne da aka sace yana ƙarami a zamanin cinikin bayi, ya faɗa hannun wani Balarabe, Abdulkarim, wanda ya ƙetare hamada da shi zuwa ƙasar Masar, ya riƙe shi kamar ɗa, ya ba shi ilimi. Mahaifiyarsa ta fita nemansa, ita ma aka bautar da ita. Sun sadu a ƙarshe, amma ba ta daɗe ba ta rasu, shi kuwa ya komo ƙasar Hausa ya zauna yana karantarwa. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay sun fara mai da shi wasan kwaikwayo, sannan Adamu Halilu ya mai da shi fim mai launi, da Hausa tsantsa, Umaru Ladan ɗin ne ma ya fito a Shaihun. Da aka yi bikin al'adun baƙar fata na duniya a Legas a farkon 1977, wanda ake kira FESTAC, shi Nijeriya ta gabatar.

Yanzu bari in ɗan tsaya a kan yadda ake aikin a wancan zamani, don a nan ne za ka gane ko sana'a ce. Ba kati ake sa wa kyamara ba, ba kuma kaset ba. Wani dogon zare ne mai faɗin milimita 35, naɗe cikin gwangwani, wanda in haske ya taɓa shi kafin a wanke ya lalace. Kyamara tana ɗaukar hoto 24 a kowace daƙiƙa, tana cin ƙafa 90 na zaren a minti ɗaya. Gwangwani mai ƙafa 1,000 bai wuce minti 11 ba. Shaihu Umar minti 142 ne, ka ga abin da ya fito a allo kaɗai ya haura ƙafa 12,000, ban da wanda aka ɗauka aka zubar. Zaren daga waje ake sayo shi, kuma masu fim na wancan lokaci Ingila suke aikawa a wanke musu mai launi. Watau mai kyamara zai ɗauki ayarin raƙuma yau, ba zai ga abin da ya ɗauka ba sai bayan makonni. In ya kuskure awon haske, an riga an sallami raƙuma, an sallami mutane, kuɗi sun tafi. Babu gogewa a sake. Saboda haka ba a miƙa wa yaro kyamara don ya ce yana sha'awa. Sai ya yi ɗaukar kaya, ya yi riƙon fitila, ya yi awon tazara da igiyar awo, ya koyi ɗura zare da hannu cikin baƙar jaka ba tare da ya gani ba, kafin a bar shi ya sa ido a jikin kyamarar.

Yau na'ura ta sauƙaƙe wahalar nan, gaskiya ne. Amma abin da ke raba gwani da ɗan koyo bai sake ba. Ga misali ɗaya da kowa zai gane. Ka tsai da mutum baƙi cikin farar babbar riga da tsakar rana, ka ɗauka. In rigar ta fito da kyau, fuskar ta zama duhu. In fuskar ta fito, rigar ta zama kamar an kunna mata wuta, aikin zaren da ke wuyanta duk ya ɓace. Gwani ya san zai janye shi zuwa inuwar darbejiya, ko ya jira rana ta yi sanyi bayan la'asar, ko ya sa yaro ya riƙe farin allo ya maido haske kan fuskar. Ya san hazon hunturu yana cinye launi. Ya san in iska na kaɗawa, magana ba za ta fito ba sai an rufe makirfo. Ya san in jiya an ɗauki mutum da hula a karkace ta dama, yau ba za a ci gaba da ita ta hagu ba. Duk wannan ba a sayar da shi tare da kyamara a shago, kamar yadda sayen garma ba ya koya wa mutum daidaita kunya.

Mu koma kan Adamu Halilu. Bayan Shaihu Umar ya yi Kanta of Kebbi a 1978, kan Muhammadu Kanta mai birnin Surame, ya kuma yi Moment of Truth a 1981. Da gwamnatin tarayya ta kafa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da dokar 1979, wadda hedkwatarta ke Jos, shi aka fara ba shugabancinta. Ya rasu a 2001. Mutumin da ya fara da majigin ƙauye, ya ƙare a shugaban hukuma ta ƙasa baki ɗaya. To wannan ita ce amsar ko ana mutuwa da mutunci.

Amma zan zalunce ka in na tsaya nan, don labarin yana da ɗaci. Fim ɗin nan da aka yi alfahari da shi a 1977, ɓacewa ya yi. Aka yi shekaru kusan 40 ana jin sunansa a makarantu, ba mai iya cewa ga inda za ka gan shi. Sai a 2016 aka gano gwangwanayensa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai, cikin tulin wasu da tsatsa ta fara ci. Wani mai shirya fim, Didi Cheeka, yana cikin waɗanda suka tsaya kan maganar. Wata cibiya a Jamus mai suna Arsenal ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na birnin Balin a watan Fabrairu na 2018, shekara 17 bayan mai shi ya kwanta dama. Ni abin nan yana ba ni kunya, wallahi. Mu da muke adana irin gero a tukunya da toka don kada ƙwari su taɓa, mun kasa adana wannan.

Sannan ka lura da wani abu. Adamu Halilu ma'aikaci ne, gwamnati ke sayen zare, gwamnati ke biyan albashi. Bai sayar da saniyar ubansa ba. Wannan hanya kuwa ta toshe tun tuni. Da aka karya darajar naira a 1986, zaren da ake sayowa daga waje ya fi ƙarfin kowa. Ɗaiɗaiku ne suka biyo baya, irin su Ƙasarmu Ce na Sadiq Ɓalewa a 1991, da Kulɓa Na Ɓarna na Brendan Shehu, wanda aka ɗauko daga littafin ɗan Katsina, Umaru Ɗanjuma Kasagi. Daga nan bidiyo ya karɓe fage. A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fito da Turmin Danya a kaset, kuma wanda ya ba da umarni ya riƙe kyamara, Salisu Galadanci, mai ɗaukar hoto ne da ya goge a gidan talbijin. Ka ga shi ma ba daga sama ya faɗo ba.

A nan zan juyo gare ka, Alhaji na Kusada. Mutum uku ne ke riƙe da fim. Darakta shi ke ba da umarni, ya ce wa ɗan wasa ga yadda za ka shigo, ga yadda za ka faɗi maganar. Mai ɗaukar hoto shi ke da kyamara da haske. Furodusa kuwa, mashiryi, shi ne uban gayya. Shi ke nemo labari, ya nemo kuɗi, ya ɗauki ma'aikata, ya ciyar da su, ya biya hayar gida da mota, ya kai fim a duba, sannan ya nemi inda zai sayar. Kowa a ranar aiki yake karɓar nasa. Furodusa kaɗai ke jira, kuma in an faɗi shi kaɗai ke faɗuwa.

A zamanin kaset da faifan CD lissafin a fili yake. A buga kwafi, a kai wa diloli a Ƙofar Wambai da Bata a Kano, su rarraba har Maraɗi da Agadas, a ƙirga abin da aka sayar. Wasu sun yi gidaje da wannan, musamman bayan Sangaya ya yi kasuwa a 1999, shekarar da aka raɗa wa harkar suna Kannywood. Waccan kasuwa ta mutu. Satar fasaha ta kashe ta, da masu tura fina-finai a waya, waɗanda kai ma ka san rumfunansu a kasuwarku. Abin da ya rage shi ne tashoshin talbijin irin su Arewa24, wadda ta fara a 2014, da kuma YouTube, inda ake sakin fim mai dogon zango kashi-kashi, kamar Izzar So da Labarina. A YouTube mai kallo ba ya biyan ka. Kamfanin ne ke ba ka wani kaso daga kuɗin talla, gwargwadon yawan masu kallo da ƙasar da suke zaune. Kuma kuɗin yana shiga asusun mai tashar ne, ba na wanda aka rubuta sunansa a allo ba.

Saboda haka, Alhaji, kafin ka kwance bakin jaka, tambayi samarin nan a tashar wa za a saka fim ɗin, kuma wa ke riƙe da asusun. Su nuna maka labarin a rubuce daga farko har ƙarshe, ka ba wanda ka yarda da shi ya karanta maka, kada wata rana a nuna ka da yatsa a masallaci. Su nuna maka aikin da suka taɓa gamawa, ba wanda suka fara ba. In a Kano za a yi, akwai Hukumar Tace Fina-finai da aka kafa a 2001, ka ji ko suna da rajista da ita. A rubuta yarjejeniya gaban shaidu. Kai da ba ka ba da buhun dawa bashi sai ka san gidan mutum, kada kalmar furodusa ta sa ka saki wannan ɗabi'a. Kuma kada ka taɓa uwar kuɗi. In za ka gwada, gwada da abin da in ya tafi ba zai hana ka sayen hatsi da kaka ba.

To Malam na Kafinsoli, ga shawarata, kai kuma ka auna. Kada ka sayar da shanun. In ka kai su kasuwar Caranci yau, damina na zuwa za ka koma neman hayar garma, kana jiran sai masu shanu sun gama nasu, shuka ta wuce ka. Kyamara kuwa ba ta haihuwa, ba ta ƙiba, kullum darajarta raguwa take, bayan 'yan shekaru an fito da wadda ta fi ta. Ko masu shirya fim a Kano da yawa hayarta suke yi ranar aiki.

Amma kuma kada ka kashe wa yaron gwiwa. Wanda ya shekara biyu yana abu ba tare da an sa shi ba, akwai wani abu a ransa. Ka ba shi rani ɗaya, kamar yadda ake barin yara su tafi ci-rani. A nemo masa maigida mai ɗaukar hoto a Katsina ko Kano, ka taka da ƙafarka ka ga mutumin, ka san inda yaron zai kwana da waɗanda zai zauna da su, kamar dai yadda za ka yi in kanikanci ko ɗinki zai koya. Ya ɗauki kaya, ya riƙe fitila, ya zauna kusa da mai tace hoto a kwamfuta ya ga yadda ake yi. Ruwa na sauka ya dawo gona. In takardunsa na sakandare sun yi kyau, akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa a Jos, ƙarƙashin hukumar da Adamu Halilu ya shugabanta, akwai kuma tsangayar sadarwa a Jami'ar Bayero ta Kano.

Kai kuma samari, na san kana saurare, wataƙila ma ranka ya ɓaci da ni. Ga aiki na ba ka, da wayar da ke hannunka. Ka ɗauki gonar babanka daga sharar gona har sussuka: huɗa, shuka, noman farko, maimai, girbi. Ka sa shi ya yi bayani da bakinsa. Ka tace shi ya zama minti goma, yadda manomin Kusada zai kalla ya ƙaru da wani abu. Aikin Baban Larai ke nan, kuma shi za ka nuna wa duk maigidan da za ka je wurinsa. Sannan in gargaɗe ka kan hoton biki. Kada ka ɗauki matan mutane ka watsa a waya ba da izinin masu gida ba. Aure ya sha mutuwa a kan wannan, kuma mai kyamarar da aka daina yarda da shi a cikin gidaje, ya gama sana'a a garin.

Malam, in rani ya wuce yaron ya dawo, ka sake rubuto mana mu ji yadda aka ƙare. A mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu, za mu ɗauki wasiƙun da suka taru kan ajiyar wake da maganin ƙwari. Sai mun ji daga gare ku.